Matar Yayana, 'Yar Dajin Murjani

Shekarun baya, tun ina da ƙarfin ɗauko tulu daga rafi ban sauke a hanya ba, yayana ya dawo daga aikin Hajji. Ina yarinya ƙarama ya bi ayarin wani malami daga garinmu Babban Duhu, suka yi gabas a ƙafa. Ya daɗe har muka daina tambayar fatake labarinsa, mahaifinmu ma ya rasu bai sake ganinsa ba. Ranar da ya yi sallama a ƙofar gida ina nan, don an dawo da ni daga ɗakin mijina a Ruma goyon cikin fari.

Ba shi kaɗai ya dawo ba. A bayansa akwai wata mace doguwa, siririya, ta ja mayafi har bisa hancinta. Ya ce matarsa ce. A bakin Bahar Maliya ya aure ta, inda ya zauna yana aiki a jirgin kamun kifi na mahaifinta kafin ya samu ya haye. Kakarta Bahaushiya ce, cikin alhazan da tafiya ta yanke musu a hanya, shi ya sa tana jin Hausa, sai dai Hausar a karye take, ta gauraye da Larabci.

Yaya shi ne ɗan fari, don haka mahaifiyata ba ta kiran sunansa, ba ta kuma nuna ta damu da shi a gaban mutane. Da ya durƙusa ya gaishe ta, ta amsa tana kallon gefe, ta ce mini in ba baƙi ruwa. Sai ta ɗauki tsintsiya ta shiga sharar tsakar gidan da na gama sharewa ba da jimawa ba.

Murnar ba ta daɗe ba, don matar Yaya ba ta cin abinci. Tuwon gero sai ta taɓa ta janye hannu, fura ta kurɓa ta ajiye. Matan unguwa suka ce girman kai ne. Ni ma na ɗauka haka ne, kuma da yake ƙanwar miji ba ta rasa bakin tsokana, nakan tambaye ta ko tuwon namu ne bai kai na Makka ba. Sai ta yi murmushi ta sunkuyar da kai. An yi mata rubutu, an jiƙa mata sassaƙe, damina ta yi nisa tana ta ramewa, har awarwaron hannunta ya fara zamowa.

Daga nan Yaya ya gaya wa baffanmu cewa idan ba ta samu sauƙi ba, zai bi ayarin da ke tashi bayan kaka ya mayar da ita ƙasarsu. Ya ce amana ce ya ɗauko, ba zai zuba ido ta mutu a hannunsa ba. Maganar ta iso kunnen mahaifiyata. Ta san hanyar nan, ta san idan ya sake binta ba za su ƙara haɗuwa a duniya ba. Abin da ta ce kawai shi ne Allah ya zaɓa mafi alheri. Amma daga ranar mazarinta ya kwanta cikin kwando, ita da ba ta wuni ba ta yi kaɗi ba.

Cikin wannan hali na haihu. Ana gobe suna mahaifiyata ta buɗe adudunta ta fito da murjaninta, ja wur, wanda ta gada daga tata uwar, aka ce wurin Larabawan da ke zaune birnin Katsina aka saye shi. Ni za a sa wa. Matar Yaya na bakin ƙofa tana hura wutar ruwan wankana. Da ta hango shi sai ta saki icen, ta matso ta ce, "Inna, in riƙe?"

Mahaifiyata ta miƙa mata. Ta riƙe shi hannu biyu, ta kai shi hancinta, ta daɗe a haka. Ni kuwa zuciyata na kan kwalliyata, ina ta hararar hannunta mai toka.

"Kin san shi ne, 'yar nan?" in ji mahaifiyata.

"Wannan jan ba na tekunmu ba ne, daga wani tekun ake kawo shi. Amma danginsu ɗaya da namu. A cikinsa aka haife ni."

Ban taɓa jin ta yi magana mai tsawo ba sai ranar. Mu a saninmu murjani dutse ne da ake haƙowa. Ta ce a'a, abu ne mai rai, yana tsiro a ƙarƙashin ruwa yana rassa, a hankali ƙwarai, har mutum ya tsufa bai ga ya ƙaru da kamu ɗaya ba. A gaban ƙauyensu dajin murjani ne guda, ruwan kuma garai-garai, kana cikin jirgi kana kallonsa. Wani kamar ƙahon barewa, wani kamar ƙwaryar da aka kife, wani shuɗi, wani ruwan ɗorawa. A nan kifi ke zuba ƙwai, a nan ƙananan ke ɓuya har su yi ƙwari. Mahaifinta ba ya nisa da gaɓa, a bakin dajin nan yake jefa komarsa ya ciyar da gida, ya sayar da saura. Wani lokaci ya nutsa ya yanko baƙin murjanin da ake carbi da shi, alhazai su saya. Kuma idan teku ya fusata, a kan dajin igiyar ruwa ke karyewa, ta iso gaɓa a gajiye. Ta ce shi ne ganuwarsu.

Na tambaye ta ko tekun ya kai tafkin bayan garinmu sau biyu. Mahaifiyata ta ce in yi wa mutane shiru in shayar da ɗana.

Sai muryar matar Yaya ta sauya. Ta ce tun kaka da kakanni ana gini da murjani a ƙasarsu, ana kuma ƙona shi a yi farar ƙasa, amma matattun da ruwa ya watso gaɓa ake ɗiba. Sai wani attajiri ya tashi gina manyan gidaje, mutanensa suka zo da guduma da sandunan ƙarfe suka faɗa wa rayayyun, suna farfasawa suna lodawa a jirage. Wurin ya koma fari fat kamar ƙasusuwa. Kifi ya watse. Dole mahaifinta ya riƙa fita can tsakiyar ruwa da ɗan jirginsa, har ranar da iska ta taso bai dawo ba. Da ganuwa ta faɗi, ruwa ya dinga cin gaɓa har ya cinye inda bukkarsu take. Mahaifiyarta dama ta riga ta rasu. Yaya ne ya dawo daga Makka ya tarar da ita a gidan maƙwabta.

 Sai mahaifiyata ta ce a Darini, inda aka haife ta, akwai itatuwa jere a bakin ƙorama. Wata shekara aka sare su don jigo da itacen girki, damina ba ta yi nisa ba zaizaya ta tafi da rabin gonar mahaifinta. Ta ce har yanzu tana tuna shi tsaye a bakin ramin, fartanya a kafaɗa.

Ta dubi surukarta, karo na farko da na ga ta dube ta ido cikin ido, ta ce, "Ashe ke ma 'yar manoma ce. Gonarku ce a cikin ruwa aka sare."

Matar Yaya ta kifa kanta a gwiwar mahaifiyata ta yi kuka. Ruwan wankana ya huce a kan murhu, ba wanda ya tuna da shi sai ni.

Bayan suna mahaifiyata ta sa aka nemo busasshen kifi a kasuwa, ta ce surukarta ta dafa yadda ake yi a gidansu. Ta ci, ko da ba da yawa ba. Da na yi arba'in kuma sai mahaifiyata ta ce mu tashi mu je tafki wanki, ita da ciwon gwiwa ya hana ta zuwa can tun da daɗewa. Muka tafi tana dogara sanda, muka sauka ta ɓangaren mata, inda giyayya ta yi duhu.

Matar Yaya ta tsaya a bakin ruwan kamar mai gaida babba. Ta ɗaure zanenta tamau, ta shiga har ƙugu, har ƙirji, sai muka daina ganinta. Na ɗora wa mahaifiyata jaririn, na ruga zan kira maza, santsi ya kwashe ni na zauna daɓas cikin taɓo. Ina nan zaune sai ga kanta ya ɓullo can tsakiya. Ta hango ni, ta fashe da dariya. Ranar na fara sanin tana da wushirya.

Ta fito da tarwaɗa a hannu. Ta ce ruwan namu duhu ne, ba a ganin komai, amma da ta laluba ƙarƙashin saiwoyin giyayya ta ji ƙananan kifi na gilmawa tsakanin yatsunta, kamar a gida. Ta roƙi kada a bari a sare itatuwan. Mahaifiyata ta ce gonar baffanmu ce ta yi iyaka da wurin, za ta yi masa magana, kuma ta yi.

Daga nan duk wankin gida ita ke kai shi tafki, tana dawowa da yunwa. Kafin a gama ɗaure dammunan gero kumatunta sun fara cikowa. Da labarin ayari ya zo, Yaya ya tambaye ta abin da take so. A gabana ta ba shi amsa: "Can ba ni da kowa. Nan kuwa Inna ta san gidanmu."

Mahaifiyata na zaune tana kaɗi, ba ta ɗago ba. Ta ce mini, "Ki gaya wa wancan ya sake wa ɗakinsu jinka, tunda zama ya kama."

A Babban Duhu matar Yaya ta tsufa, a nan aka binne ta, ba ta ƙara ganin teku ba. Ita ta yi jinyar mahaifiyata a ciwonta na ƙarshe, ina Ruma da ɗawainiyar yara. Tuwon gero dai har ta rasu ci take don kara.

Abin da ya zauna mini shi ne, mun yi wata da watanni muna neman magani a jikinta, ba wanda ya tambaye ta abin da ta baro. Tun daga lokacin idan baƙuwa ta shigo unguwa ta kasa sakewa, nakan zauna kusa da ita in ce ta ba ni labarin garinsu. Ni ban taɓa wuce Katsina ba, kuma na san ba zan ga Bahar Maliya ba. Amma duk sanda hadari ya haɗu na ɗaga hannu ina roƙa wa gonakinmu albarka, nakan haɗa da wancan dajin na ƙarƙashin ruwa, in ce Allah ya sa ya sake tsirowa, ko da waɗanda za su ci kifinsa ba su san an taɓa sare shi ba.