Malamar da Ta Ce a Karanta Rahoto a Gaban Mai Shi

Shekara talatin ke nan Malama na koyar da falsafa a jami'a da safe, da rana kuma ta wuce ofishin walwalar jama'a, ta zauna a bencin masu jira, jakarta a cinya. Na karanta littattafanta uku. Biyu sun yi mini nauyi, kamar yawancin abin da masana ke rubuta wa junansu. Amma tambaya ɗaya duk suke yi: wa ya ba mai biro ikon faɗin yadda rayuwar wani take? Daga nan ta kafa wa ɗalibanta doka: duk rahoton da ka rubuta a kan wani gida, sai ka karanta shi da bakinka a gaban mutanen gidan kafin ka sa hannu.

Ban san nauyin dokar ba sai da ta shigo falona. Matata ta rasu ta bar mini ƙaninta, Auta, ɗan shekara hamsin mai hankalin ɗan goma. Wani jami'i, ɗalibin Malama, ya zo ya ƙirga kwanukan da ba mu wanke ba, ya rubuta cewa a kai Auta gidan kulawa. Malama ta tasa shi a gaba suka dawo.

"Karanta musu," in ji ta.

Ya fara da ƙarfinsa: "Tsohon ba ya iya kula da..." Sai ya tsaya.

"Ci gaba mana, ɗana. Da kake rubutawa ai ba ka yi in'ina ba."

Ya ƙarasa da kyar. Auta ya ajiye kofinsa.

"Malama, wa ke kula da wa? Ni ke ɗiga wa Yaya maganin ido. In na tafi, a kunne zai zuba."

Ba ta yi dariya ba. Ta dubi jami'in ta ce, "Rubuta wannan ma. Ga shaidan da ba ka tambaya ba."

Auta na nan har yau. Kwanukan ma suna nan.

Wata mai zuwa za ta yi ritaya. Na ji agogon bango za a ba ta, kamar yadda ake yi wa duk wanda aka gama cin lokacinsa.

Malama, ke ce mai ilimin da bai toshe miki kunne ba. Na gode miki, ni da matata wadda ba ta nan balle ta gode da bakinta. Ku kuma masu rubutu a kanmu, likita ne, alƙali ne, jami'i ne, ku yi koyi da ita. Abin da harshenku ya kasa faɗa a gaban mutum, kada ku sa masa hannu a bayan idonsa.