Allon da Gwaggo Ta Ɗauko Daga Kwata

Tarar farko da aka yi mini a birni ban yi gardama ba. Lokacin ban fi wata huɗu da fara tuƙi ba. Maigidana ya sayi wata tsohuwar ƙaramar mota, ya koya mini a filin ƙwallon makarantar da nake koyarwa a Gaya, kowace Asabar da safe, har hannuna ya faɗa. Ranar da na fara shiga Kano ni kaɗai na tsaya a bakin wani kantin magani, na shiga na fito, sai ga takarda maƙale a gilashin mota. Allon hana ajiye mota yana tsaye a gabana, ƙato da shi, ni ce dai ban ɗaga kai ba. Na je banki na biya, na kai rasit ofishinsu, na dawo gida na ce wa maigidan cunkoso ne ya tsare ni. Bayan sati biyu ya tsinci rasit ɗin a aljihun mota, ya yi dariyarsa har ta ishe shi.

Ta biyun da Gwaggo aka yi ta, shi ya sa ba ta ƙare a banki ba.

Gwaggo ƙanwar mahaifina ce, a Gafasa take zaune. Tun kafin a haife ni take matsar man gyaɗa da suyar ƙuli-ƙuli, kuma duk ranar kasuwar Ajingi tana da wurin zamanta da kowa ya sani. Ban taɓa ganin ta biya farashin farko na wani abu ba, ko allura ce. A shekarar idonta ya fara hazo, ta daina bambance gyaɗa mai kyau da ruɓaɓɓiya sai da taɓawa, don haka na samo mata rana a wani asibitin ido a birni, ƙarfe sha ɗaya na safe. Ta iso Gaya tun yammacin ranar da ta gabata, a bas ɗin Ajingi, da jarkar mai biyu.

"Gwaggo, asibiti fa za mu," na ce.

"Na sani. Motar gida ce, ba za ta tafi wayam ba. Akwai wata mai abinci a bakin kasuwa da take sayen maina, mu sauke mata mu wuce."

Muka kama hanya da sassafe, muka bi ta Wudil, tana ta yi mini gyaran tuƙi, ita da ba ta taɓa riƙe sitiyari ba. Wajen tara da rabi muka isa bakin kasuwar. Na sami gurbi a bayan wasu motoci uku da ke jere a gefen titi. Tun daga waccan tarar na koyi ɗaga kai, don haka na fito na duba gaba, na duba baya. Babu allo, babu fenti a ƙasa, sai wani dattijo mai sayar da lemo a bakin kwata. Na kulle mota, mai baro ya ɗauki jarkoki, muka shiga.

Saukewar da aka ce ta minti biyar ce ta ci kusan minti arba'in. Sai da Gwaggo da mai abincin suka gaisa, suka tambayi yara ɗaya bayan ɗaya, aka ɗanɗana mai a yatsa, aka yi jayayya a kan tsadar gyaɗa bana. Da muka fito, motocin nan uku sun tafi. Tawa ce kaɗai, an datse tayar gaba da wani ƙarfe mai ruwan ɗorawa, da kwaɗo a jiki, ga takarda a gilashi.

Ma'aikatan hanya biyu suna tsaye a inuwa cikin kakinsu. Ɗaya daga ciki, matashi mai sanyin magana, ya matso.

"Hajiya, motarki ce? Nan ba a fakin."

"Ina aka rubuta?" na tambaye shi.

"Akwai allo."

Ya juya zai nuna mini, hannunsa ya tsaya a iska. Ya duba dama, ya duba hagu. Mai lemo, ba tare da ya daina feraya ba, ya nuna cikin kwata da bakin wuƙarsa. Ga allon can kwance, fuskarsa a ƙasa, ledoji da ɓawon lemo sun rufe rabinsa.

"Tun damina wata babbar mota ta ture shi," in ji mai lemon.

Matashin ya ce shi dai titin nan yana cikin waɗanda aka ba su, kuma takarda in ta fita daga littafi ba shi da ikon soke ta. Ko in je banki in biya a buɗe mini yanzu, ko in je ofishinsu in shigar da ƙorafi. Na duba agogo, goma ta wuce. Na ɗauki hoton allon a waya saboda haushi kawai, amma a raina na riga na yanke cewa zan biya mu tafi asibiti.

"Nawa suka ce?" Gwaggo ta tambaya.

Na faɗa mata. Na ga leɓenta yana motsi, na san tana auna shi da gyaɗa ne.

"Ɗan nan," ta ce wa ma'aikacin, "nawa ne gaskiyarsa?"

"Mama, ba a ragi. Rubutacce ne."

"To ba za a biya ba. Ina ofishin?"

"Gwaggo, likita fa."

"Idon nan ya yi shekara yana jira, zai ƙara kwana. Ke a ina kika ga an ci tarar mutum a kan dokar da take kwance a kwata?"

Na koma gefe na kira maigidana in gaya masa halin da ake ciki. Ya ce in bi ta a hankali, wai shi ma tsoronta yake ji. Ma'aikatan sun wuce gaba wajen wata mota. Da na kashe wayar na juyo, sai na tarar mai lemo ya ciro allon daga kwata, yana zuba masa ruwa da buta, Gwaggo kuma ta tare adaidaita sahu har sun gama ciniki.

"Wannan fa na mene ne?"

"Shaida."

"Ai na ɗauki hoto."

"Hoton cikin waya? Ni da nake kusa da ke ban gan shi ba, balle mai hukunci."

Haka muka ratsa gari, allo a kan cinyoyinmu, ƙafar ƙarfensa ta leƙo waje ta gefe, direban yana ta ɗaga wa masu babura hannu su kauce. Na ja mayafi na rufe rabin fuskata, ina addu'ar kada Allah ya haɗa ni da iyayen ɗalibaina. Gwaggo kuwa zaune take daram kamar mai kai kayan gara.

Ofishin na san shi tun waccan karon, amma ta tagar karɓar rasit kawai. Ɓangaren ƙorafi yana baya, wata rumfa mai dogayen bencina, cike da direbobi, kowa da takardarsa a hannu da labarinsa a baki, kuma a cikinsu duka babu mai laifi. Muna shiga da allo kowa ya juyo yana kallonmu. Sai wani ya taso daga benci yana gaishe da Gwaggo har da rusunawa. Ashe direban bas ne na layin Ajingi, ya sha ɗaukar jarkokinta. Shi ya matsa mana wuri, ya kuma koya mini yadda ake yi: a karɓi fom a taga, a rubuta lambar mota da lambar takardar tara, a bayyana abin da ya faru a taƙaice, a miƙa, a jira kira.

"Malama, kada ki zagi kowa a ciki," ya ce. "Ni na yi haka sau ɗaya."

Na cika fom da rubutun da nake yi wa ɗalibai a allo. Gwaggo ta sa na karanta mata, ta ce na manta ban sa cewa ita dattijuwa ce mai ciwon ido ba. Na ce babu gurbin wannan. Ta ce a sa a ƙasa. Na sa.

Mun yi sallar azahar a nan, mun ci ƙuli-ƙulin da ta ƙullo a gefen zane, har ta raba wa na kusa da mu. Sai wajen ƙarfe biyu aka kira lambar motata.

Mai sauraron ƙorafin wani magidanci ne mai furfura a gemu, da tabarau a kan hanci, da tarin fom a gabansa. Ya amsa sallamarmu bai ɗago ba, yana karanta abin da na rubuta. Ƙarar ƙarfe a kan siminti ce ta sa ya ɗago. Gwaggo ta jingina allon da teburinsa.

"Wannan daga ina?"

"Ranka ya daɗe, dokarku ce muka kawo muku," in ji Gwaggo. "Ita aka ce 'yar nan ta karya."

Ya cire tabarau. "Mama, kin san wannan kayan gwamnati ne? Ɗauke shi daga wurinsa laifi ne mai zaman kansa, kuma tararsa ta fi ta motar."

Na fara lissafin yadda zan yi wa mahaifina bayanin cewa na kai ƙanwarsa asibiti an tsare ta a ofis. Na buɗe baki zan ba da haƙuri, Gwaggo ta riga ni.

"A kwata muka same shi, fuskarsa a ƙasa. In can ne wurinsa, a gaya mini in mayar da shi yadda yake."

Mutumin ya sa hannu ya shafa gemu, ya daɗe yana shafawa, na lura dariya yake dannewa. Ya tambaye ni ko akwai abin da zai nuna a kwatar yake kafin mu taɓa shi. Na miƙa masa waya. Ya buɗa hoton da yatsu biyu, ya ga allon, ya ga tayar motata a gefe da ƙarfen a jiki. Ya ɗauki tasa wayar ya kira matashin da ya rubuta takardar, ya yi masa tambaya biyu, na ji muryarsa daga nesa yana cewa haka ne, yallaɓai. Matashin bai musa komai ba, kuma na ga girmansa a kan haka.

"Hoton nan shi ya fitar da ke," ya ce mini, yana buga hatimi a kan takardar. "An soke. Nan gaba ki tsaya a hoto. Allon ku bar shi nan."

Na yi godiya na miƙe. Gwaggo ba ta motsa ba.

"Saura kuɗin adaidaita," ta ce. "Mu muka yi wa gwamnati dako."

"Mama, ba mu da wannan a tsarinmu."

Ta yi ɗan tunani. "To na bar mata. Amma a kafa shi da siminti, ba da ƙasa ba."

Ya ce zai faɗa. Har bakin ƙofa muna jin dariyarsa.

Da muka koma bakin kasuwa mun tarar an riga an cire ƙarfen. Mai lemo ya ce ya tsare mana motar, Gwaggo ta juye masa sauran ƙuli-ƙulin, shi kuma ya cusa mana lemo a leda. Asibiti dai mun makara, suka ba mu wata ranar a sati na gaba. In aka haɗa kuɗin adaidaita zuwa da dawowa da man da za mu sake ƙonawa, abin da muka tsira da shi ba shi da yawa, na kuma faɗa mata haka a hanya. Ta ce ni malamar makaranta ce amma ban iya lissafi ba. Kafin mu kai gadar Wudil ta yi barci, takardar da aka buga wa hatimi tana damƙe a hannunta, domin ta ce tata ce.

Ni abin da ya tsaya mini a rai shi ne, da ni kaɗai ce da na biya, na kuma dawo gida ina jin haushin kaina ba tare da na san dalili ba. Ban taɓa kawowa a raina cewa ƙofar ɓangaren ƙorafin nan ta irina ce ba.

Bayan kamar wata guda na je kasuwar Ajingi sayen wake. Ina tsugune ina aunawa, wata mata da ban sani ba ta dafa kafaɗata.

"Ke ce 'yar wan mai man Gafasa?"

Na ce ni ce.

"Wadda gwamnati ta ƙwace wa mota, ta je har gaban babban alƙali ta karɓo miki?"

Na duba can gefen rumfa, ga Gwaggo zaune a bayan jarkokinta da sabon tabarau, tana kallonmu, tana jiran ta ji abin da zan ce.

"Ni ce," na ce wa matar. "Allah dai ya saka mata."