Dakan da ke ɗingishi

Jiya da hantsi ina tsakiyar daka, sai na ji muryar maƙwabciyata Inna Kulu ta saman katanga.

Ɗiyata ce ta turo min bidiyo daga Abuja. Wai a daka soyayyiyar gyaɗa da dabino da riɗi, a danne a faranti, a yanka sala-sala, ba sai an ɗora a wuta ba. Ta ce zai gina min jiki tunda haƙorana sun daina shiri da nama. Na ce ke tafi can, wannan ai dakuwa ce ta je birni ta waye! Mu da muka tashi muna lugudenta nan Tambuwal, ni da yayata Hajo, tun kafin aure ya kai ta Kebbe.

Inna Kulu ta ce, "Asabe, lafiya dakan ga naki ke ɗingishi?"

Na ce, "Tsufa ne, Inna."

Ta ce, "Ba tsufa ba ne. Sai ki buga ɗaya ki dakata, kamar mai jiran wata ta buga tata."

Na ci gaba da daka ina sauraren kaina. Wallahi gaskiya ta faɗa. Bara muka rufe Hajo, amma hannuna bai samu labari ba, har yanzu yana bar mata gurbin taɓaryarta.

Dakuwar ta yi daɗi kuwa. Na ci sala ɗaya a zaune kusa da turmi, sauran na rufe.

Ku fa, wa hannunku ke jira har yau? Ku sa Hajo cikin addu'a.