Harafin da Ya Faɗi Daga Ƙuruciya

Yayana ya gama jami'a ya dawo unguwarmu Kinkinau a Kaduna babu aiki, sai ya kama yin gajerun finafinan barkwanci da waya. Ni ke riƙe wayar. Shi kuma ya sa gajeren wando da hular kwano ya zama Bature mai yawon bincike, wai ya zo neman maɓuɓɓugar da duk wanda ya sha ruwanta ba zai tsufa ba. Akwai inda yake isa bakin kogin Kaduna, ya kafa tuta tsakanin masu wanki, ya ce da gurguwar Hausa shi ya gano wannan kogi. Wata mata ta ce masa, "Malam, ka taka min zane." Ba ma cikin shirin take ba.

Sunan fim ɗin Neman Ƙuruciya. Mai haɗa mana hoto a Abakpa ba shi da ƙ mai lanƙwasa a na'urarsa, ga shi da garaje, sai ya tsallake u ɗaya ya rubuta Neman Kurciya. Mama na ji ta ajiye ludayi. A wajenta kurciya asiri ce da ake yi wa mutum ya bar gida ya bi duniya, ba waiwaye.

"Ku gyara. Ba a wasa da wannan."

"Mama, tsuntsuwa ce fa," in ji yayana yana dariya. Haka aka ɗora shi a shafinsa na intanet.

Mutane sun yi dariya, aiki dai bai zo ba. Da damina ta wuce ya sayar da wayar ya bi ta Agadas, wai zai ƙetara teku. Ya kira daga can sau ɗaya. Daga nan shiru.

Ni na san zaman banza ne ya kore shi, kuma na daina sa rai, ko da yake ban taɓa furtawa a gida ba. Mama ta tsaya a kan harafin. Duk mai addu'ar da aka kwatanta mata ta je. Shekaru sun shuɗe, amma har yau takan ce in shiga shafin in gyara sunan, ko Allah zai sa ya juyo, alhali shi kaɗai ya san lambar sirrin.

Takan sa in kunna mata fim ɗin, ta matso da wayata kusa da fuskarta saboda idon ya yi rauni. Rannan ta daɗe tana kallonsa, sannan ta dubi furfurar gemuna.

"Ka ga," ta ce, "yanzu ka girme shi."