Ilya Bai Ɗago Kai Ba

Mamadu mutumin Tibiri ne, can kusa da Maraɗi, amma ya kwana biyu a birnin Lyon na Faransa. Karatu ya kawo shi, aiki ya riƙe shi. Yana auna tsabtar ruwan sha a wani ɗakin gwaje-gwaje, in ya tashi ya bi jirgin ƙasa na metro ya koma gidansa a unguwar Vaulx-en-Velin. Ba ya kallon ƙwallo, ba ya zaman majalisa. Abu ɗaya ne ya sa 'yan Nijar na unguwar suke cewa notinsa ya ɗan kwance: tsofaffin finafinan Faransa marasa kala, irin na 'yan fashi da 'yan sanda. Duk silimar da aka ce za ta nuna ɗaya, ko da kujeru sun fi mutane yawa, za ka tarar da shi a layin gaba, ya zuba wa allo ido kamar mai tsintar tsakuwa a shinkafa.

Matarsa Zuwaira ta raka shi sau ɗaya, ba ta ƙara ba. "Kowa na kallon jarumin," in ji ta, "kai kana kallon mai sharar daɓe."

Gaskiya ta faɗa, mai shara yake kallo, da ɗan dako, da duk wani baƙin mutum da ya gifta ta bayan Turawa. Kakansa yake nema.

Sunan kakan Ilya. Faransawa suka ɗauke shi soja lokacin matarsa tana da cikin Mariama, mahaifiyar Mamadu, suka tafi da shi yaƙi ƙasa mai nisa. Bai dawo ba, bai bar hoto ba. Wani abokin sojansa da ya komo gida ne ya ce ya baro shi a Paris da rai, har ma an sa shi a wata silima ta 'yan fashi. Iyakar labarin ke nan, kuma shi Inna Mariama ta riƙe tun tana yarinya har ta yi furfura. Ranar da Mamadu zai taho Faransa ba ta ce ya aiko atamfa ba. Cewa ta yi, "In ka ga fuskar ubana, ka nuna mini."

Da ƙuruciya ya ɗauki abin aikin mako ɗaya. Ashe finafinan nan yawa gare su kamar ƙasa, kuma duk kamarsu ɗaya: ruwan sama, doguwar kwat, hayaƙin taba, mutum ya faɗi a kan titi. Shekaru suka yi ta tafiya. Sai ciwon ido ya kama Inna, likita a Maraɗi ya ce ba irin wanda ake yi wa aiki ba ne. Na hagu ya mutu, na dama yana bin bayansa a hankali. Daga nan Mamadu ya daina jin daɗin abinci.

Wata Asabar abokinsa Moctar, mai sayar da yadi a unguwar Château Rouge ta Paris, ya kira shi. Ko gaisuwa bai ƙarasa ba. "Malam, akwai wata ƙaramar silima nan Paris, sun gyara wani tsohon fim. Na ga guntunsa a tele, na ga wani baƙi da tsaga a kumatu. Bon, ban rantse ba, amma ka taho."

Washegari da hantsi Mamadu yana Paris. Fim ɗin labarin wani tsohon soja ne, Bature, da ya dawo daga yaƙi ya rasa aiki, ya faɗa hannun ɓarayi. Mamadu bai san yadda suka ƙare ba, bai kuma damu ba. Can tsakiya jarumin ya shiga wani gareji, ya sa taba a baki, ya juya wajen wani baƙin mutum dogo mai wankin mota, ya nemi wuta. Kamara ta matso. Mamadu ya miƙe tsaye, har na bayansa ya yi masa tsaki.

Mutumin ya goge hannu a wando, ya rusuna, ya miƙa ashana da hannu biyu, hagu na tallafe da dama, ya sunkuyar da kai ƙasa. Haka aka koya wa duk yaron kirki a Tibiri: ba a kallon babba cikin ido. Tarbiyya ce, ba wanda zai ce ya yi laifi. Amma Ilya, bawan Allah, sau ɗaya a duniya aka juyo da kamara wajenka, sai ka ba ta tsakar kanka! Abin da ya fito kawai shi ne kunne, da bakin tsagar Gobirawa inda ta ƙare a gefen kunci. Jarumin ya kunna tabarsa, fim ya wuce.

Da aka tashi, Mamadu ya tare wata mata da ta yi bayani kan fim ɗin kafin a fara. Ya tambaye ta sunan mai wankin motar. Ta ce irin waɗannan a titi ake ɗauko su, a sallame su da yamma, ba a rubuta sunansu. Ta ba shi haƙuri, da gaske kuma ta ji tausayinsa. To haƙurin me zai yi masa? Ya sayi faifan fim ɗin a bakin ƙofa ya hau jirgin ƙasa, bai ma biya wajen Moctar ba.

A gida ya sa faifan a talabijin, ya yi ta tsayar da hoton yana matsar da shi kaɗan-kaɗan, ko za a dace da inda kan bai gama sauka ba. Babu. Ko Ilya ne, ko wani Bagobiri ne daban, shi ma bai sani ba. Zuwaira ba ta yi tsokana ba ranar, ta zauna kusa da shi kawai.

Bayan la'asar ya kira ƙanwarsa Shamsiya ta bidiyo, ta kai wa Inna wayar. Aka gaisa, aka tambayi sanyi da iyali. Sannan ya juya wayar ta fuskanci tele.

"Inna, ki duba. Ina jin shi ne."

Ta kawo wayar dab da idonta na dama, har Mamadu ba ya ganin komai sai girarta. Mutumin ya goge hannu, ya rusuna, ya sunkuya.

"Ina ganin kamar mutum," in ji ta. "Mi yake nema a ƙasa?"

"Ladabi yake yi, Inna."

"Maido shi."

Ya maido. Mutumin ya sake sunkuyawa. Numfashin Inna na fita ta cikin wayar. Sannan ta yi magana da wata ƙaramar murya da Mamadu bai taɓa ji a bakinta ba.

"Mamadu, kai da ke kusa da shi, ka ce mai, ɗiyarsa ce. Ka ce ya ɗago."

Mamadu ya dubi mutumin a tele. Ya sake maido fim ɗin baya.