Wawulon Minista

Da can mai gyaran keke ne. Yana da rumfa a bakin titi, da famfo ɗaya, da tsohon kwanon ruwan da yake neman hujin taya a ciki. Ranar da aka fito zanga-zangar neman 'yanci ya rufe rumfar ya bi sahu, kuma a faɗi gaskiya, da zuciya ɗaya ya bi. Yana kan tebur yana ihu wani ɗan sanda ya ɗirka masa kulki a baki, haƙorin gaba ya yi nasa wuri. Mutane da yawa sun sha dukan da ya fi wannan a ranar, amma nasu a gadon baya yake, riga ta rufe. Shi kuwa da ya buɗe baki an ga shaida.

Daga nan sunansa ya ɓace, ya koma Wawulo. In ya hau dandamali ya ce, "Sai mun samu!" iska ta bi ta giɓin ta yi fito, jama'a su ɗauka da sowa. Akwai waɗanda suka fi shi iya magana, amma babu mai fito irin nasa. Da Turawa suka tattara suka tafi, aka zo rabon kujeru, aka rasa wanda zai kalli bakin nan ya ce a'a. Aka ba shi ministan ayyuka na yankinsu.

Ofis mai darduma, fanka na juyawa a sama, tebur da gilashi a kai. A gilashin nan ya fara ganin bakinsa, ya ji bai dace da labulen ofishin ba. Matarsa ta ƙara zuga shi.

"Haba Maigida! Minista guda, da baki kamar na yaron da ke famfara?"

Sai aka yi masa haƙorin roba, mai sakawa da cirewa. Ya kuma tsara aikinsa tsaf. In 'yan kwangila za su shigo, ya maƙala. In talakawa ne, ya cire ya naɗe a hankici ya jefa aljihu. A duk shekarun da ya yi a ma'aikatar, wannan ne aikin da bai taɓa yin latti ba.

Yayarsa, wadda ke sayar da gawayi kusa da tsohuwar rumfarsa, ita kaɗai ba ta ce masa ranka ya daɗe.

"Ƙanena, na ji an cike maka giɓi. Na titinmu fa? Jiya wani rami ya haɗiye akuya."

"Yaya, ana kan nazari."

"To Allah ya ba nazari lafiya."

Zaɓe ya zo, wani malamin makaranta ya fito neman kujerarsa. Wawulo bai damu ba. Bai gina gada ba, bai yi kwalbati ba, amma yana da abin da ya fi su. Ranar babban taro ya taso kai tsaye daga liyafar 'yan kwangila, ciki ya cika, ya hau dandamali ya ɗaga hannu.

"Sai mun samu!"

Maganar ta fita sumul, babu fito. Filin ya yi tsit. Wani tsoho a gaba ya kare ido da hannu ya leƙa.

"Kai jama'a, wannan ba shi ba ne!"

Harshensa ya taɓa robar, sai ya tuna bai cire ta ba. Da a ce ya yi shiru ya sauka, da wataƙila an ce mura ce. Amma sai ya sa yatsu biyu a baki, a gaban dubban mutane, ya zare haƙorin ya ɗaga.

"Ni ne, wallahi! Ga shi, ni ne!"

Yanzu fiton ya fita, ras. Daga can baya muryar yayarsa ta taso.

"Mayar da abinka, ƙanena, kada ya faɗa rami!"

Dariyar da aka yi ranar ita ce zaɓen, ƙuri'a dai an jefa ne don cika ƙa'ida.

Yanzu yana zaune a barandar gidansa, haƙorin na cikin kofi a kan taga. Duk baƙon da ya zo sai ya ba shi labarin kulki, wanda kowace shekara ke ƙara tsawo. Titin yana nan da ramukansa. Malamin da ya gaje shi ma bai cike su ba, kuma shi haƙoransa duk nasa ne, ko abin cirewa a yi dariya ba shi da shi.