Rabin Duniyar Baba Habu

Ranar da na ƙi sa hannu a takardar Baba Habu ba ta taɓa fita raina ba, kuma ba na son ta fita. Ku da kuka shigo aikin ido yanzu kuna jin ana cewa Muntari taurin kai gare shi, Muntari ba ya jin magana. Ban musa ba. Ku gyara zama ku ji inda sunan ya samo asali.

Lokacin ina mai duba ido a wata likita ta ƙasar Damargu, wato asibiti in ji mutanen kudu. Ni kaɗai ne a ɗakin ido. Sama da ni akwai majo, shugaban ma'aikatan jinya, sama da majo kuma akwai lokotoro, wato dakta, wanda muke kira Shef. Ƙa'idar aiki ita ce kowace shekara direbanmu ya yi bizit, wato gwajin lafiya. A saurari ƙirji, a auna nauyi, sannan a turo mutum wurina. In na gama sai in rubuta abin da kowane ido ya gani, in sa hannu a ƙarƙashin layin da ya ce mutumin nan zai iya tuƙi. In babu hannuna Shef ba ya buga hatimi, in babu hatimi ba a ba mutum makullin mota.

Baba Habu shi ne direban motar ɗaukar marasa lafiya. Ya girme ni nesa ba kusa ba. Babu hanyar rairayi daga Olelewa zuwa Falanko da bai san ramukanta ba. Duk macen da haihuwa ta zo mata da gardama, shi ke kwasar ta zuwa Damagaram. Matata ma shi ya kai ta a haihuwar 'yarmu ta fari, kuma da ba don Allah ya sa ya san hanya ba, da yanzu wani labarin ake. Don haka in akwai wanda nake jin nauyinsa a wurin nan, shi ne.

A shekarar, da damina, ya kwanta kwana biyu da jiri da ciwon kai. Ya ce zazzaɓi ne, ya sha magani ya koma bakin aiki. Bayan kaka sai ƙananan maganganu suka fara tashi, wai tun da aka kawo sabuwar mota Baba Habu ya ɗauki girman kai, ana gaishe shi yana wucewa. Mai shayin bakin ƙofarmu har rantsuwa ya yi cewa ya daina ɗaga masa hannu. Madubin motar na hagu kuma ya fashe sau biyu. Na farko ya ce jaki ne, na biyu ya ce maginan da suka gyara ƙofa sun matse ta.

Ranar wata Talata ya zo bizit. Na zaunar da shi gaban allon gwaji, wanda ke da alamar nan mai ƙafa uku, mutum ya nuna da hannu inda ƙafafun suka fuskanta. Ina nuna masa da sanda, yana amsawa tun kafin in rufe baki. Idon dama goma bisa goma, na hagu ma haka. Na haska ciki, ba yana, ba hakiya. Ya ce, "Ka gani, yaro? Idon nan ya fi na mahaifinka." Na ɗauki alƙalami ke nan sai aka kira azahar, na ce bari mu yi salla tukuna.

A wurin alwala muka tsuguna kusa da juna. Ina kallonsa ya wanke fuska, amma kuncin dama kaɗai ruwan ya taɓa. Ya wanke hannun dama har gwiwa sau uku, ya tsallake zuwa shafar kai. Ya wanke ƙafar dama tas, har tsakanin yatsu, ya ajiye buta ya miƙe.

Na ce, "Baba, ka manta hagu."

Ya ce, "Wace hagu? Ai na gama."

Na kama hannun nasa na ɗago masa shi gaban fuska, a bushe ƙamas. Ya tsaya yana duban sa kamar an miƙo masa kayan wani, sannan ya yi dariya ya ce tsufa ne. Ni kuwa ban yarda ba. Mutumin da ya shekara hamsin yana alwala ba ya manta rabin jikinsa don tsufa. Nan na gane abin da ya sa babu wanda ya lura. Mu mutane ne da tun muna yara ake buge mana hagu. Da dama muke ci, da dama muke gaisawa, da dama muke karɓa. In mutum ya yi watsi da hagunsa, sai mu ce ladabi ne. Na kuma tuna cewa teburin mai shayi yana hagun mai shigowa.

Bayan salla na ɗauko igiyar ɗaure kaya daga motarsa, na miƙe ta a gabansa da hannu biyu. Na ce ya kama min tsakiyarta. Direban da ya ƙare rayuwarsa yana ɗaure kaya, ko ido rufe ya san tsakiyar igiya. Sai ya kai hannu can kusa da ƙarshen dama ya kama, ya ce, "Ga shi." Sau uku muna yi, sau uku yana kama wuri ɗaya.

Abin da aka koya mana a makaranta ke nan, wanda ban taɓa zaton zan gani da idona ba. Ido ƙofa ce kawai. Shi yake shigo da haske, amma ƙwaƙwalwa ce ke tsara wa mutum wuri, ta ce wannan yana dama, wancan yana hagu, wannan kusa, wancan nesa. Ɓangarenta na dama shi ya fi kula da abin da ke hagu. In wata jijiyar jini ta toshe a nan, ido yana nan lafiya lau, amma mutum ya daina sanin akwai hagu. Ba duhu yake gani a wajen ba. Kai yanzu kana ganin duhu a ƙeyarka? Ba ka ganin komai, kuma ba ka jin ka rasa komai. Haka hagun Baba Habu ta zama. A allon gwaji kuwa sandata ce ta yi masa aikin, inda na nuna nan hankalinsa yake zuwa. A kan hanya babu mai riƙe masa sanda.

Na ɗauki takardar na shiga wurin Shef. Ya saurare ni yana jujjuya hatimi a hannu.

Ya ce, "Aikinka ido ne. Nawa idon ya samu?"

Na ce, "Goma bisa goma."

"To sa hannu."

Na ce, "Shef, layin bai ce yana gani ba. Cewa ya yi zai iya tuƙi. A hanyar Damagaram manyan motocin da ke hawowa arewa ta hagunsa suke zuwa."

Ya ce direba ɗaya gare mu, in aka tsayar da shi wa zai kai mata masu naƙuda? Wannan tambaya ce ta gaskiya, ban raina ta ba. Amma da ya ga ban motsa ba sai ya canja murya, ya ce akwai wata ƙaramar likita can bayan Belbeji da ke neman ma'aikaci, kuma takardar canjin wuri ba ta da wuyar rubutawa. Raina ya ɓaci ƙwarai. Na ce, "Can ma mutane ne, ido bibbiyu gare su, zan samu abin yi. Hannuna dai ba zai hau takardar nan ba. Ka ba ni gobe da safe, gani ya kori ji."

Washegari na shirya ɗakina. Na sa kujerar Baba Habu a tsakiya, ni ina gabansa. Majo da ungozomarmu, wadda ake kira Madam, suka zauna ta damansa. Bayan ya zauna Shef ya shigo ta ƙofar gefe, ya tsaya ta hagunsa da farar rigarsa, kusa har in ya miƙa hannu zai taɓa kafaɗarsa.

Na ce, "Baba, su wa ke cikin ɗakin nan?"

Ya ce, "Kai, da majo, da Madam. Yau kuma wane wasa ne?"

"Shef fa?"

"Bai shigo ba tukuna. Manya ai sai an jira su."

Shef ya yi gyaran murya ya ce, "Habu, ga ni nan."

Baba Habu ya miƙe tsaye da sauri don girmamawa, ya juya dama. Ya dubi majo, ya leƙa bayan majo, ya dubi taga. Ya ce, "Ranka ya daɗe, kana ina?"

Babu wanda ya yi dariya. Ungozoma ta sunkuyar da kai. Shef ya zagayo ta gabansa a hankali, ya miƙa hannu ya ce a ba shi makullin.

A bakin ƙofa Baba Habu ya tare ni. Ya ce, "Muntari, ni na kai matarka."

Na ce, "Shi ya sa, Baba. Gobe matar wani ce za ta kwanta a bayan motar nan."

Aka tura shi Damagaram, aka ɗauki hoton kansa, aka ga tabon a ɓangaren dama, hawan jini ne ya yi masa ɓarna a ɓoye. Aka aro mana direba daga wani wuri kafin a ɗauki sabo. Shef bai sake maganar Belbeji ba, bai kuma ce na yi daidai ba, ni ma ban nema ba. Gari kuwa ya ɗauka cewa Muntari butulu ne, ya raba dattijo da abincinsa. Matar Baba Habu ta daina amsa gaisuwar matata a wurin suna. Aka turo min manya in je in ba shi haƙuri. Na ce zan je in gaishe shi sau dubu, amma haƙuri sai mai laifi. Abin ya yi min ciwo, ba zan ɓoye muku ba, don ina son mutumin nan.

Aka mayar da shi tsaron ƙofa, yana zaune a benci yana kallon wani yana fita da motarsa. Lokotoron Damagaram ya rubuto cewa a riƙa tilasta masa juyawa hagu, ko ƙwaƙwalwar za ta sake koyo. Shi kuwa ya ce lafiyarsa ƙalau, sharri aka yi masa. To ni na ɗauki aikin ba tare da an sa ni ba. Kullum da safe sai in bar hanyar da ta fi kusa, in zagayo ta hagunsa, in tsaya in ce, "Baba, ina kwana?" Sai ya nemi muryar ta dama, in ya gane tawa ce ya tsuke baki. Majo ya ce in bari, wannan tsokana ce. Na ce tsokanar ce maganin.

Muka ci rani a haka, damina ta faɗi. Wata safiya na biyo ta hagun kamar kullum, ban kai ga buɗe baki ba, sai na ga wuyansa yana juyowa, a hankali, kamar mai ɗaga kaya mai nauyi, har idonsa ya sauka a kaina. Ya ce, "Na gan ka, butulu. Kullum ta nan kake raɓowa kamar ɓarawon akuya."

An yabe ni a wurin aiki sau da yawa, amma babu yabon da ya kai min zagin nan daɗi. Na wuce ɗakina da sauri don kada mai shayi ya ga idona.

Bai warke duka ba, kuma bai sake tuƙi ba. Ku dai abin da nake so ku riƙe shi ne, allo ido yake aunawa, ku kuwa mutum aka turo muku. Ku dubi yadda ya shigo ƙofa, ku dubi yadda ya zauna, in ta kama ku bi shi har wurin alwala. Ranar da kuka san takarda ƙarya za ta faɗa, ku mayar da alƙalami aljihu, ko wa ke tsaye a kanku. Baba Habu ya tsufa yanzu, yana gida. In na je gaishe shi jikokinsa sukan shimfiɗa min tabarma ta damansa, ni kuma in ja ta in mayar hagu.